Wani kamfani na neman ƙanwata aikin talla, amma tambayoyin fom ɗinsu sun ɗaure min kai

Maman Khairat, Fadaman Mada, Bauchi

Assalamu alaikum jama'a. Don Allah masu sani a taimaka min da shawara, abin nan ya hana ni sukuni.

Ni tela ce. Ina da ƙanwa da muke uwa ɗaya uba ɗaya, shekararta 22, ta gama difloma, tana wurina tun rasuwar mahaifinmu. Ita ke saka kayan da na ɗinka, abaya da doguwar riga da atamfa, mu ɗauki hoto a bakin shago mu sa a Instagram. Allah Ya ba ta tsawo da fuskar hoto, kuma gaskiya tun da ta fara ciniki ya ƙaru, har daga Azare da Misau ake aiko min da ɗinki.

To bayan ƙaramar Sallah wata mata ta yi mata magana ta saƙo, ta ce ita wakiliyar wani kamfani ce da ke zaɓen 'yan mata masu tallan kaya da fitowa a fim, ofishinsu na Legas, suna kuma kai mutane waje. Matar na jin Hausa sosai, har "ƙanwata" take ce mata. Aka turo fom, ta biya naira dubu goma sha biyar kuɗin rajista ba da sanina ba. Da farko hoton fuska suka nema, sai na tsaye, sai suka ce ta cire mayafi, yanzu kuma sun ce ta turo na ƙananan kaya wai don a ga yadda tufafi za su zauna mata. A nan ta tsaya ta nuna min.

Na karanta fom ɗin da kaina. Akwai awon ƙirji da ƙugu, wannan ban damu ba, ni ma awo nake yi kullum. Amma me ya kawo tambayar ko tana da tabo ko zane a jiki, da ko za ta yarda a yi mata gwajin jini, da wani layi da ke cewa ta rubuta abin da za ta iya yi gaban kyamara da wanda ba za ta iya ba? Sun kuma ce ta ɗauki hoto tana riƙe da katin NIN kusa da fuskarta. Wai idan ta ci tantancewa su za su biya mata jirgi da otal, dala dubu biyu aikin kwana biyu, amma ta zo ita kaɗai domin ba a shiga da 'yan rakiya.

Haka ake ɗaukar 'yan talla dama? Ita ta nace wai ƙauyanci ne ke damuna. Ban gaya wa mijina ba tukuna, balle kawunmu.

Mai Hoto Jekadafari, Gombe

Wa alaikumus salam Hajiya. Sana'ata hoto ce, na biki da na masu sayar da kaya, kuma na sha ɗaukar 'yan mata hoton tallan leshi da mayafai. Mai kaya shi ke biyan yarinya, ba ita ke biyansa ba. Yana son ganin yadda kayansa za su fito, don haka kayan yake ba ta ta saka. Ban taɓa ganin mai sayar da abaya da ya damu da tabon da ke cinyar mai talla ba, tunda abayar za ta rufe. Kuma duk inda na yi aiki, yarinya takan zo da yayarta ko ƙawarta su zauna a gefe, har lemo ake ba su. Wanda ya ce ta zo ita kaɗai ya riga ya gaya miki abin da yake nufi. Kada ta ƙara tura komai.

Lauya Ɗan Yelwa, Bauchi

Hajiya Maman Khairat, Allah Ya saka miki da kika tambaya kafin a yi nisa. Zan ɗan tsawaita, a yi min haƙuri.

Tambayoyin nan da suka ɗaure miki kai ba na tallan tufafi ba ne. Na masana'antar finafinan batsa ne, abin da yara ke kira bulu fim. A ƙasashen da doka ta halatta harkar, kamar Amurka inda cibiyarta ta daɗe a kwarin San Fernando da ke Los Angeles, akwai dillalai da aikinsu kenan: su nemo mutum, su ɗauki hotunan jikinsa, su rubuta awo da tabo da zane, su rubuta abin da ya yarda zai yi da wanda bai yarda ba, su tura wa masu shirya fim su zaɓa, su kuma yanki kasonsu daga kuɗin kowane aiki. Gwajin jinin ma nasu ne, a can kowane mako biyu ake yi wa masu fitowa gwajin ƙanjamau da sauran cututtukan saduwa. Hoton kati kusa da fuska kuwa, dokar tarayyar Amurka ce ta tilasta wa duk mai shirya irin fim ɗin ya ajiye shaidar cewa wanda ya fito ya cika shekara 18. Shafukan da ake sayar da irin waɗannan hotuna ma da shi suke tantance mai buɗe akawun. Wato in ta tura, ana iya buɗe shafi da sunanta da fuskarta tana nan zaune a Fadaman Mada ba ta sani ba, ban da cin bashin manhajar waya da katinta.

Bambancin shi ne, dillalin da ke da lasisi a Kalifoniya yana faɗin sunan aikin ƙarara, wadda ta je ta san inda ta je. Ba yabonsu nake ba, kowa ya san matsayin abin a addininmu da dokarmu. Amma wanda ya zo da sunan tallan kaya yana riƙe da fom ɗin batsa, ko a can ɗin ma mai laifi ne.

Ga misali da ya je gaban kotu. A birnin San Diego an yi wani kamfani mai suna GirlsDoPorn, mai shi wani ɗan ƙasar New Zealand ne, Michael Pratt. Talla suke sawa a intanet cewa ana neman 'yan mata masu tallan tufafi. Yarinya ta amsa, mafi yawa 'yan jami'a masu neman kuɗin makaranta, sai a hankali a fito mata da ainihin aikin, a rantse mata cewa ba za a taɓa sa bidiyon a intanet ba, faifai ne za a sayar wa wasu masu kuɗi a Ostareliya, babu wanda ya san ta da zai gani. Abin da ya fi tsaya min a rai shi ne, suna biyan wasu mata musamman don su kira yarinyar a waya su ce "ni ma na yi, babu abin da ya faru." Ki tuna da matar nan mai ce wa ƙanwarki "ƙanwata". Sai a biya mata jirgi, a kai ta ɗakin otal, a miƙo takardar yarjejeniya a ce ta yi sauri ta sa hannu, ba a barin ta karanta. Wadda ta ce ta fasa, a ce za a kai ta ƙara ta biya kuɗin jirgi da otal, ko a soke tikitin komawarta. Bayan 'yan makonni bidiyo ya fito a manyan shafuka, sunayensu na gaskiya suka bazu, ya kai ga iyayensu da abokan karatunsu.

Mata 22 suka kai ƙara, a Janairun 2020 alƙali ya ba su gaskiya da diyyar kusan dala miliyan 13. Pratt ya gudu, hukumar FBI ta sa shi cikin mutum goma da ta fi nema, aka kama shi a Madrid a Disamban 2022, a 2025 aka yanke masa shekara 27. To wannan a Amurka kenan, inda matan suka samu lauyoyi da kotun da ta saurare su, duk da haka sai da aka shafe shekaru, kuma har yau bidiyon na yawo.

A Japan ma haka aka yi ta fama da masu tare 'yan mata a titi da sunan za a mai da su taurarin talla ko mawaƙa. Har sai da majalisarsu ta yi doka a 2022: dole a jira wata guda tsakanin sa hannu da ɗaukar fim, a jira wata huɗu kafin a sake shi, kuma wadda ta fito tana da ikon janyewa cikin shekara guda bayan fitarsa. Duba inda dokar ta sa ƙarfinta, a kan lokaci. Domin duk dabarar masu wannan harka ita ce gaggawa, kada a bar yarinya ta kwana da maganar ko ta shawarci wani.

Mu dawo gida. A nan Najeriya babu wani lasisin dillancin batsa, don haka duk mai yi a ɓoye yake yi, kuma sau da yawa ma babu wani fim. Ko dai 'yan damfara ne da za su tara hotunan su dawo suna cewa a turo kuɗi ko su watsa, ko kuma masu safarar mutane ne. Hukumar NAPTIP mai yaƙi da safarar mutane da kanta ta faɗa a farkon 2019 cewa akwai 'yan matan Najeriya kimanin 20,000 a Mali da aka tilasta wa karuwanci, da yawansu an ce musu aikin otal za a kai su Malesiya. Mun daɗe muna ɗauka wannan matsalar mutanen Edo ce da hanyar Italiya. Waya ta rushe wannan katangar, mai neman yarinya ba ya buƙatar zuwa Bauchi, hoton abayarki ya ishe shi.

Abin da nake so ki riƙe shi ne, tantancewar ita ce tarkon. Ba sai ta hau jirgi ba. Kowane hoto da suka karɓa, da shi za su nemi na gaba, kuma ranar da suka samu wanda ba za ta so kawunku ya gani ba, daga ranar ba roƙonta za su yi ba, umarni za su ba ta.

Alhaji Baban Sadiq, Kofar Ran

Ni ban ga abin dogon turanci a nan ba. Ki karɓe wayar, ki gaya wa mijinki da kawunta yau ɗin nan, a nemo mata miji. Tun farko me ya kai 'ya mace budurwa saka hotonta a duniya kowa na kallo? Wanda ya baza hatsi a waje ai shi ya kira kaji. Allah Ya shirya mana zuri'a.

Anti Ladi, Pantami, Gombe

Amin Alhaji, amma da girmanka ka bar ni in saɓa maka. Yarinyar nan ita ta tsaya, ita ta kawo wayar ta nuna wa yayarta. Idan sakamakon hakan shi ne a ƙwace waya a tara mata dangi, gobe in wani ya yi mata barazana wa za ta gaya wa? Ina koyarwa a makarantar 'yan mata, kuma abin da na gani shi ne masu wannan aika-aika ba su da makamin da ya wuce tsoron gida. "Zan tura wa babanki." Shi kenan. Yarinya ta gwammace ta sayar da ɗan kunnenta, ta ci bashi, ta ƙara tura wani hoton, da a ji a gida. Akwai wadda na sani, ba zan faɗi gari ba, sai da ta kwashe kuɗin adashen mahaifiyarta tana biyan wani da ba ta taɓa gani ba, kuma hoton da ake yi mata barazana da shi bai wuce na rigar barci ba. Da ta san za a saurare ta a gida, da ko sisi bai ci ba.

Aure kuma ba magani ba ne a nan, matan aure ma ana yi musu. Kuma tallan ɗinkin yayarta cikin sutura ba laifi ba ne, da shi ake cin abinci a gidan.

Maman Khairat, ki zaunar da ita cikin daɗin rai ki tambaye ta ainihin abin da ta riga ta tura, ki ce mata ko mene ne ba za ki ɗaga murya ba, kuma ki cika alkawarin. Kin ce a hoton ƙananan kaya ta tsaya. Allah Ya sa haka ne. Amma ki ba ta ƙofar da za ta faɗa miki in ba haka ba ne, har da kiran bidiyo, domin suna naɗar kiran ba tare da mutum ya sani ba.

Ɗan Fim Na Wunti

Ina ɗan taɓa harkar finafinan Hausa, ina riƙe kyamara a wasu shirye-shiryen da ake sawa a YouTube. Don kada ƙanwar taki ta ce an hana ta ci gaba ne: in fim take so, hanyarsa a fili take. A Kano akwai hukumar tace finafinai tun 2001, akwai ƙungiyar masu sana'ar fim ta MOPPAN, ana rajistar 'yan wasa, kuma mace sabuwar shiga ana neman amincewar iyaye ko waliyyinta. Tantancewa a ofis ake yi da rana, mutane cike, a ba ki takarda ki karanta layi biyu uku, a ga ko kina iya kuka ko faɗa ko dariya gaban kyamara. Ba na ce harkarmu babu ɓata-gari ba, akwai masu cewa "zo otal mu tattauna rol ɗinki", kuma mun san su. Amma ko su ba sa tambayar gwajin jini a fom.

Sannan maganar kuɗin. Dala dubu biyu a kwana biyu ga wadda ba ta taɓa fitowa ko a tallan sabulu ba? Hajiya, jarumai nawa ne a Arewa da sunansu ya cika gari suke karɓar haka?

Maman Khairat

Na gode ƙwarai jama'a, Allah Ya bar zumunci. Alhaji na ji maganarka, mijina zan gaya masa in sha Allahu, amma kawu tukuna.

Anti Ladi, na yi yadda kika ce bayan sallar isha'i, muna ninke kayan da za a kai Azare. Ta yi kuka. Hoton ƙananan kaya ba ta tura ba, amma sun yi kiran bidiyo da matar, ta sa ta tashi ta juya ta yi tafiya, tana sanye da riga da siket na gida, kai babu ɗankwali. Matar ba ta kunna tata kyamarar ba, wai netwok. Hoton katin kuma ta riga ta tura. Da ta ce musu ta fasa, sai wani namiji ya kira da wata lamba, ya ce an riga an saya mata tikiti, in ba za ta zo ba ta biya naira dubu ɗari huɗu ko su kai ta kotu, kuma suna da adireshin shagona. Lauya, da gaske za su iya? Kuma in goge komai in toshe su ne?

Lauya Ɗan Yelwa

Hajiya kwantar da hankalinki. Babu kotun da za su je. Mai zuwa kotu sai ya faɗi sunansa na gaskiya da adireshinsa, ya kuma bayyana wa alƙali irin aikin da ya ɗauke ta, su kuwa abin da suke gudu kenan. Ki ce su turo hoton tikitin da lambar rajistar kamfaninsu. Kowa na iya shiga shafin hukumar rajistar kamfanoni ta CAC ya duba sunan kamfani kyauta, kuma mai ɗaukar mutane aiki zuwa ƙasar waje sai da lasisin Ma'aikatar Ƙwadago ta Tarayya. Ko da kin ga sunan a CAC ma kada ya ruɗe ki, rajistar suna ba ta wanke kowa. Amma na fi so ma kada ki tsaya musu da su.

Kada ki goge komai tukuna. Ki ɗauki sikirinshot na hirar tun daga farko, da fom ɗin, da shafin matar, da lambobin biyu, musamman lambar akawun ɗin da aka tura dubu goma sha biyar, domin ita ce ta fi saurin kai wa ga mutum, akwai BVN a jikinta. Ki tura wa wata wayar ki ajiye. Bayan nan ki kai rahoton shafin ga Instagram, sannan ki toshe. Ko kobo kada ki biya, wanda ya biya sau ɗaya ya shiga layin masu biya.

Ki kai maganar NAPTIP, lambarsu ta kira 627 ce. Dokar hana safarar mutane ta 2015 ta haɗa da yaudarar mutum da sunan aiki don a kai shi karuwanci ko batsa, kuma ba sai an yi tafiyar ba kafin a kai rahoto. Barazanar da namijin ya yi ta waya kuma tana ƙarƙashin dokar laifukan intanet, 'yan sanda na da sashe a kanta. Ku je tare, kada ki tura ta ita kaɗai, kuma in da hali mijinki ya raka ku.

Game da katin, ta je bankinta ta sanar cewa hoton NIN ɗinta ya faɗa hannun 'yan damfara, ta canza lambobin sirrinta, ta sa ido kan duk saƙon bashi ko buɗe akawun da ba ita ta nema ba. Lokaci-lokaci ku riƙa neman sunanta a intanet ku ga ko an buɗe shafi da shi. Idan har wata rana suka haɗa hoton tsiraici da fuskarta, domin yanzu ana yi da manhaja, akwai shafin StopNCII da ke taimaka wa manya su hana yaɗuwar irin hoton a Facebook da Instagram da TikTok, kuma hoton ba ya barin wayar mutum, wata lambar shaida kawai ake cirewa daga jikinsa. Na 'yan ƙasa da shekara 18 daban ne, sunansa Take It Down.

Adireshin shago kuwa, yana jikin kowane hoton abaya da kika sa, ba wani bincike suka yi ba.

Mai Hoto Jekadafari

Hajiya in ƙara abu ɗaya. Ki duba cikin masu bin shafin matar, za ki ga wasu 'yan matan Bauchi da Gombe, wataƙila har kwastomominki. Wadda kika sani ki kira ta a waya ki faɗa mata, kada ki rubuta a fili da sunan kowa. Na duba irin shafin da kika kwatanta, na ga yara biyu da na taɓa ɗauka hoton kamu suna bi, yanzu zan nemi iyayensu mata.